Fuskar Ɗan Adam: Ƙirarta, Awonta da Canjinta

(Laccar da aka gabatar a taron ɗalibai da mutanen gari a Samaru, Zariya)

 

  

An ce in yi magana a kan siffofin fuskar ɗan Adam da abin da ke bambanta wata da wata. Na san wasu sun zo ne don su ji irin askin da ya dace da su, ko irin ɗaurin ɗankwalin da zai karɓe su. Za mu taɓa wannan. Amma abin da ya kawo ni shi ne wannan: ƙirar fuskar da aka haife ka da ita ba ta faɗin abu mai yawa a kanka, ba ta faɗin halinka, kuma sau da yawa ko asalinka ba ta faɗa daidai. Fuskar da ta canja, ita ce mai labari. Mu kuwa mun juya abin. Mun ƙware wajen yanke wa mutum hukunci daga ƙirar fuskarsa, ga kumburi a fuskar ɗanmu ba mu gani ba. Zan bi maganar a mataki biyar.

Na farko, me ke ba fuska siffarta?

Ƙashi ne tushe. Ƙoƙon kan babban mutum yana da ƙasusuwa 22, takwas suna kewaye da ƙwaƙwalwa, 14 kuma na fuska ne. A cikin waɗannan 22, guda ɗaya tak ke motsi, wato muƙamuƙin ƙasa. Kowa ya ɗora yatsunsa a gaban kunnuwansa, ya matso da su gaba kaɗan. Wannan tudun da kuka ji ƙashin kunci ne, kuma a wurin yawancin mutane nan ne fuska ta fi faɗi. Yanzu ku sauko ƙasan kunne, ku ciji haƙora. Abin da ya taso a ƙarƙashin yatsunku tsokar tauna ce, kuma kaurinta yana ƙara wa ƙasan fuska faɗi. Hajiya a can baya tana dariya, amma na ga ta gwada.

A kan ƙashi da tsoka sai kitse, sai fata. Kitsen kumatu shi ke sa fuskar jariri ta zama zagayayya. Jariri kuwa kusan duk kansa ƙoƙo ne, fuskar 'yar kaɗan ce, kamar kashi ɗaya cikin takwas na girman ƙoƙon, alhali a babban mutum ta kai kusan rabinsa. Yayin da haƙora ke fitowa muƙamuƙi yana tsawo, fuska tana miƙewa ƙasa, kuma a wurin maza wannan girma yana ci gaba har wajen shekara ashirin. In tsufa ya zo, kitse ya zazzago, haƙora suka zube, ƙashin da ke riƙe da su ya zaizaye, sai haɓa ta matso kusa da hanci. Ashe mutum ɗaya yana iya yin fuska uku ko huɗu kafin ya bar duniya.

Gado yana da babban kaso a ciki, shi ya sa ake shiga gidan suna a ce yaro ya ɗebo kakansa. Sai dai ba ƙwayar gado ɗaya ce ke riƙe da hanci, wata da haɓa ba. Wani bincike da aka buga a 2021 ya gano wurare fiye da 200 a cikin ƙwayoyin gado da ke da hannu a ƙirar fuska. Saboda haka kada wani ya shiga zargi don ɗansa bai yi kama da shi ba. Malamai a nan sun san hadisin mutumin da ya zo wa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da damuwa kan launin ɗansa, aka yi masa misali da raƙumansa, ya gane da kansa cewa kamanni yana iya tsallako iyaye daga kakanni na nesa.

Kafin in wuce, ga iyayenmu mata. Jan hancin jariri da ake yi lokacin wanka, ana gasa shi da ruwan ɗumi don ya yi tsini, ba ya canja komai. Guringuntsi ne, zai koma inda aka tsara masa. Ku bar wa yaron hancinsa.

Na biyu, siffofin da aka saba kasa fuska a kansu.

Masu kwalliya, masu aski da masu sayar da tabarau sukan kasa fuska gida shida ko bakwai. Abu huɗu suke dubawa: faɗin goshi, faɗin kunci, faɗin muƙamuƙi, da tsawon fuska daga matsirar gashi zuwa haɓa.

Akwai fuska mai siffar ƙwai. Tsawonta ya ɗara faɗinta, goshi ya ɗan fi muƙamuƙi faɗi, haɓa kuma ta lanƙwasa ba tsini ba kaifi. Ita mujallun kwalliya suka naɗa sarauniya, suka ce kowane aski da kowane tabarau yana karɓar ta. Akwai zagayayyiyar fuska, wadda tsawo da faɗi suka kusa zama ɗaya, kumatu cike, muƙamuƙi babu kusurwa. Mutane sukan ɗauka ƙiba ce ke kawo ta, alhali akwai siraran mutane da yawa masu zagayayyiyar fuska, domin ƙashinsu ne haka. Ita ce kuma fuskar da ke ɓoye shekaru, za ka ga mutum ya haura arba'in ana ce masa yaro.

Sai mai kusurwa huɗu. Ita ma tsawo da faɗi sun kusa daidai, amma goshi, kunci da muƙamuƙi duk faɗinsu ɗaya, kuma ƙasan kunne akwai kusurwa a fili. In wannan fuska ta ƙara tsawo, ita ce doguwar fuska, mai miƙaƙƙen kunci, sau da yawa da dogon goshi ko doguwar haɓa.

Sauran ukun bambancinsu yana wurin da faɗin ya taru. In goshi ne mai faɗi, fuska ta yi ta tsukewa har ta ƙare da siririyar haɓa, Turawa suna kwatanta ta da zanen zuciya. In kunci ne ya fito, goshi da haɓa duk suka tsuke, sai su ce mai siffar lu'ulu'u. In kuwa muƙamuƙi ne ya fi faɗi, goshi ya tsuke, ita ce mai siffar dala.

To, wa ya yi wannan rabo? Ba likitoci ba ne. Rabon 'yan kasuwar kwalliya ne, shi ya sa wannan littafi zai ce shida, wancan ya ce tara. Yawancinmu a tsakani muke, goshin wannan gida, haɓar wancan. Wanda ya tsaya gaban madubi ya kasa gane gidansa, lafiyarsa lau.

Amma rabon yana da amfaninsa, kuma masu sana'a a garin nan sun san shi ba tare da sun karanta ba. Ku je wurin mai sayar da huluna a kasuwar Sabon Gari ku tsaya ku kalla. Mutum ya ɗauki doguwar zanna ya kafa, mai hula ya ɗan ja baya, ya karkata kai, ya ce, "Alhaji, wannan ta ƙara maka tsawo, gwada wannan," ya miƙo mai gajeren tashi. Wani mai cikar kumatu ya zo, sai ya ba shi doguwar, ya gyara mata kari a gaba. Bai auna komai ba sai zagayen kai, sauran duk ido ne. Mai aski ma haka. Mai zagayayyiyar fuska yakan rage masa gefe ya bar sama, ya bar gemu ya ɗan sauko. Mai doguwar fuska yakan cika masa saje, ya rage tsawon gemun. Ga mata kuwa, hijabin da ya matse goshi da kumatu yana ƙara fito da zagayen fuska, ɗaurin ture-ka-ga-tsiya kuma yana ƙara tsawo. Ƙa'idar ɗaya ce a ko'ina: inda fuska ta yi tsawo a ƙara faɗi, inda ta yi faɗi a ƙara tsawo. Tabarau ma haka, mai kusurwa ga zagayayyiyar fuska, mai lanƙwasa ga fuska mai kusurwa. Wannan shawara ce ta ado, wanda ya ƙi bi babu abin da zai same shi.

Na uku, yadda masana ke aunawa.

A sashen nazarin ƙirar jikin ɗan Adam, irin wanda muke da shi nan Jami'ar Ahmadu Bello, ba a cewa ƙwai ko lu'ulu'u. Ana ɗaukar awo biyu. Na ɗaya daga kwarin da ke tsakanin idanu, inda hanci ya haɗu da goshi, zuwa ƙasan haɓa. Na biyu daga ƙashin kunci na dama zuwa na hagu, a inda suka fi nisa. A raba na ɗaya da na biyu, a ninka sau 100. Misali, tsawo milimita 115, faɗi 135, lissafi ya ba da 85 da 'yan kai. A wani rabo da ake yawan amfani da shi, ƙasa da 80 fuska ce mai faɗi sosai, 80 zuwa 85 faffaɗa, 85 zuwa 90 matsakaiciya, 90 zuwa 95 doguwa, 95 zuwa sama doguwa sosai. Ku lura ba a fara awon daga matsirar gashi ba, don kada masu sanƙo irina su cinye gasar.

Ga abin da nake so ɗalibai su riƙe. Akwai wani rabon, shi ma sananne, da ya sa iyakar matsakaiciyar fuska daga 84 zuwa 88. Mutumin da awonsa ya ba da 89, a littafi ɗaya matsakaici ne, a ɗayan mai doguwar fuska ne. Fuskar ba ta motsa ba, mai jan layin ne ya motsa.

Me ake yi da awon? Likitan da zai gyara muƙamuƙin wanda ya yi haɗarin babur a hanyar Kwangila yana bukatar sanin yadda fuskar mutanen nan take. Likitan haƙori mai daidaita haƙora yana bukata. Mai ƙera takunkumin numfashi na asibiti da firam ɗin tabarau yana bukata, kuma da yawa daga kayan da ake shigo mana da su an ƙera su ne a kan awon wasu mutane dabam. Wanda tabarau ke zamewa daga karan hancinsa kullum ya san abin da nake faɗa. Wannan ne dalilin da ya sa ɗalibanmu suke yawo da ma'auni suna roƙon mutane su tsaya a auna su. In sun zo muku, ku taimaka.

Masu zane suna da nasu lissafin. Tun zamanin Rumawa ake koyar da cewa fuska kashi uku ce daidai wa daida: matsirar gashi zuwa gira, gira zuwa ƙasan hanci, ƙasan hanci zuwa haɓa. Leonardo da Vinci ya yi aiki da wannan. Da wani likita mai suna Leslie Farkas, a Kanada, ya auna mutane na gaske, sai ya tarar kaɗan ne ƙwarai suka dace da ƙa'idar, har a cikin Turawan da suka ƙirƙiro ta. A nan Zariya kuwa, a 1958, ɗaliban zane irin su Uche Okeke, Demas Nwoko, Yusuf Grillo da Bruce Onobrakpeya sun kafa ƙungiya don su ƙi kwaikwayon Turai ido rufe, su koma ga zanen gida. Kuma tun kafin su da shekaru fiye da dubu biyu, maginan Nok, a kudancin jihar nan, sun bar mana kawunan yumɓu, wani mulmulalle, wani dogo, wani mai tsini, da idanu masu kusurwa uku. Ba su ga fuska ɗaya suka ce ita kaɗai ce kyakkyawa ba. Marubutan littattafan soyayya na yau ne suka tsaya a kan guda: fara, doguwar fuska, dara-daran idanu, hanci har baka. Ina tambayar marubutan da ke cikin ɗakin nan, mai zagayayyiyar fuska da gajeren hanci ba a son ta ne? Ai kullum ana ɗaura aurensu a Hayin Dogo da Zangon Shanu.

Na huɗu, abin da fuska ba ta faɗa.

A nan zan ɗan daɗe. Ɗan Adam yana da saurin hukunci. A 2006, masu bincike a Jami'ar Princeton ta Amurka sun nuna wa mutane hotunan fuskoki na kashi ɗaya cikin goma na daƙiƙa, suka tarar wannan ɗan lokaci ya isa mutum ya yanke cewa wane amintacce ne, wane ba amintacce ba. Saurin gaskiya ne. Daidaituwar hukuncin ita ce babu tabbas.

An daɗe ana ƙoƙarin mayar da wannan zato ilimi. Girkawa sun yi rubutu a kai. A duniyar Musulmi, Fakhruddin al-Razi ya yi littafi a kan firasa. A Italiya, a 1876, wani likita mai suna Cesare Lombroso ya fitar da littafi yana cewa ana haihuwar mutum da ɗabi'ar laifi, kuma ana gane shi daga babban muƙamuƙi, tudun kunci da manyan kunnuwa. Duniya ta karɓa, alƙalai suka saurara. Sai a 1913 wani likitan gidan yari a Ingila, Charles Goring, ya buga sakamakon auna fursunoni kusan 3,000 da ya kwatanta da mutanen gari, ya ce babu wata fuska ta masu laifi. Shekara guda kafin haka, a 1912, Franz Boas ya buga awon baƙin haure da 'ya'yansu kusan 18,000 a birnin New York, ya nuna cewa ƙirar kan yaran da aka haifa a Amurka ta ɗan bambanta da ta iyayensu. Awon da ake cewa tambarin jinsi ne da ba ya gogewa, ashe abinci da yanayin rayuwa suna taɓa shi.

Kada a ce wannan rigimar Turawa ce. A Ruwanda, 'yan mulkin mallaka sun ɗauki tsawon jiki da ƙirar hanci a matsayin shaidar cewa Tutsi jinsi ne dabam da Hutu, kuma a shekarun 1930 Beljiyam ta sa aka rubuta ƙabilar kowa a katin shaida. A 1994, a shingayen hanya, wannan kati da wannan kallon fuska sun yanke wa mutane rai da mutuwa. An kashe Hutu da yawa don sun yi kama da Tutsi. Mu da muke jihar Kaduna, da muka ga rikici iri-iri, ba ma bukatar dogon bayani kan haɗarin a kalli mutum a ce daga ganin fuskarsa ba namu ba ne.

Ku gwada wani abu. Sabon Gari ta kafu ne bayan zuwan jirgin ƙasa, wajen 1911 zuwa 1912, ta tara ma'aikata da 'yan kasuwa daga kudu da arewa. Samaru ta girma da tashar binciken aikin gona, sannan jami'ar da aka buɗe a 1962 ta jawo mutane daga kowane lungu na ƙasar nan da maƙwabta. Shekara ɗari ana auratayya. Ku tsaya a unguwar PZ da yamma, ku ce za ku faɗi ƙabilar duk wanda ya wuce. In kun dace, ku tambayi kanku da me kuka gane shi. Hula ce, ko ɗaurin zane, ko karin harshe, ko tsaga. Ku cire waɗannan, ku sa wa kowa riga iri ɗaya kamar ta kuratan soja a Defot, za ku sha mamaki. Akwai Bafillatani mai faffaɗan hanci, akwai Bayarabe mai siririyar fuska. Gaskiya ne cewa in aka auna mutum dubu daga nan da dubu daga can, matsakaicin awon zai iya bambanta. Har an lura cewa faɗin ƙofar hanci yana tafiya da yanayi, masu asali a ƙasashen zafi da laima sun fi faffaɗa, na ƙasashen sanyi da bushewa sun fi tsukakke. Amma bambancin da ke tsakanin mutanen ƙabila ɗaya ya fi wanda ke tsakanin ƙabila da ƙabila yawa, kuma babu nahiyar da ta kai Afirka yawan bambancin ƙwayoyin gado.

Kakanninmu sun san haka. In da ƙirar fuska tana faɗin asali, me ya sa suka kira wanzami? Tsagar Gobirawa, zanen Barebari, bille, 'yar baka, da yawa an yi su ne don fuskar da Allah Ya halitta ba ta ce daga ina mutum ya fito ba, sai da aka rubuta mata da aska. Yau al'adar tana gushewa, kuma dokar kare haƙƙin yara ta tarayya ta 2003 ta hana yi wa yaro tsaga.

Mu ma muna da namu camfin. A ce wance mai goshi ce, tun da ya aure ta arziki ya buɗe. A ce mai ƙananan idanu mayaudari ne. Na farkon ko ba komai yabo ne. Na biyun kuwa ya hana wani aure, ya hana wani bashi a kasuwa. Bahaushe ya ce labarin zuciya a tambayi fuska, kuma ya yi gaskiya, amma fara'a da ɓacin rai yake nufi, abin da ke zuwa ya wuce. Bai ce a tambayi ƙashin muƙamuƙi ba.

Yanzu na'ura ta shigo cikin maganar. Rajistar katin ɗan ƙasa, banki, da na'urar BVAS da aka yi zaɓen 2023 da ita, duk suna duba fuska. Na'urar ba ruwanta da ƙwai ko zuciya, tana mayar da hoton fuska jerin lambobi ne ta kwatanta da wanda aka ajiye. Tana kuskure kuwa. A 2018, Joy Buolamwini, wadda iyayenta 'yan Gana ne, tare da Timnit Gebru, sun gwada manhajojin manyan kamfanoni uku kan gane namiji da mace. A kan fararen maza kuskuren bai kai kashi ɗaya cikin ɗari ba, a kan baƙaƙen mata ya kai kusan kashi 35. Ana ganin dalilin shi ne hotunan da aka horar da manhajojin da su yawanci na fararen fata ne. Ɗaliban kwamfuta, wannan aikinku ne.

Ita ma wayar da ke hannunku tana yi muku ƙarya. Wani nazari na 2018 ya nuna cewa hoton da aka ɗauka daga nisan santimita 30 yana ƙara wa hanci faɗi da kusan kashi 30 cikin ɗari, in aka kwatanta da wanda aka ɗauka daga mita ɗaya da rabi. 'Yammata, kafin ku tsani hancinku, ku ba wata ta ɗauke ku daga nesa.

Na biyar, fuskar da ta canja.

Wannan ita ce wadda likita ke karantawa, kuma ita nake roƙon kowa ya koyi gani.

Mace siririya ta fara shan maganin ƙiba, irin wanda ake kira sha-ka-fashe, ko ta daɗe tana shafa man bilicin mai ƙarfi. Bayan 'yan watanni fuska ta cika ta zama zagayayya, ƙawaye suna cewa ta yi kyau, hutu ya karɓe ta. Ku dubi hannuwa da ƙafafu, sun rame. Ku dubi bayan wuya, ya yi tozo. Wannan ba ƙiba ba ce. Da yawa daga waɗannan magunguna da mayuka suna ɗauke da sinadarin sitiroyid, irin su dexamethasone, kuma abin da ke biyo bayan wannan fuska shi ne hawan jini, ciwon suga da raunin ƙashi. Wadda ta daɗe tana sha kada ta daina rana ɗaya, domin yankewa farat ɗaya ma haɗari ne. Ta je asibiti a rage mata sannu a hankali.

Yaro ya tashi da safe fatar idanunsa a kumbure, zuwa rana ta saɓe, gobe ta dawo. A duba ƙodarsa. Yaron da aka yaye, kumatu suka cika, ƙafafu suka kumbura, gashi ya yi ja ya yi laushi, wannan tamowa ce, ko da ana ganin kamar ya yi ɓulɓul. Yaro mai sikila kuwa, saboda ɓargo yana aiki fiye da kima don ya maye jinin da ke lalacewa, goshinsa yana iya fitowa, muƙamuƙin sama ya turo haƙora gaba. Nijeriya ce ta fi kowace ƙasa yawan masu wannan ciwo, an ƙiyasta jarirai kusan 150,000 a shekara, kuma kusan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da ƙwayar gadonsa. Yaran nan suna shan tsokana a makaranta saboda goshi da haƙora. Malaman firamare, ku tsawatar. Masu shirin aure kuma, gwajin jini ya fi kallon hoto.

Kumburin muƙamuƙin yaro da ke girma cikin 'yan makonni, haƙora suna girgiɗa, ba kullum ne hangum ba. Akwai wani ciwon daji na yara da Denis Burkitt ya bayyana a Yuganda a 1958, yana da yawa a yankunan zazzaɓin cizon sauro, kuma yana jin magani sosai in an zo da wuri. Akwai kuma cutar noma, wadda ke farawa da gyambon dasashi da warin baki a yaro mai tamowa, cikin kwanaki ta cinye kunci. A Sakkwato akwai asibiti na musamman dominta tun 1999, kuma a Disambar 2023, bisa neman da Nijeriya ta jagoranta, Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa ta cikin jerin cututtukan da aka yi sakaci da su. A matakin farko, maganin kashe ƙwayoyin cuta, tsaftar baki da abinci mai gina jiki sun isa su tsayar da ita.

Babban mutum kuma da ya ga hularsa ta daina shiga, takalmi ya matse, zobe ya ƙi fita, haɓa tana ƙara fitowa, haƙora suna buɗewa, kada ya ce girma ne. Wani ƙulli a ƙasan ƙwaƙwalwa yana iya jawo haka, kuma saboda canjin a hankali yake zuwa, mutanen gida ba sa gani. Baƙon da ya shekara biyar bai zo ba shi ke fara lura. Tsohon hoton fasfo yana da amfani a nan, likita zai so ya gani.

Na ƙarshe shi ne mafi gaggawa. Mutum yana zaune, baki ya karkace gefe ɗaya, magana ta sarƙe, hannu ya yi nauyi. Mun saba cewa iska ce ta buge shi, a kawo hayaƙi, a jira gari ya waye. Wani lokaci jijiyar fuska ce kawai ta kumbura, kuma yawancin masu wannan suna warkewa cikin makonni ko watanni. Wani lokaci kuwa shanyewar ɓarin jiki ce ta fara, inda kowace sa'a ke cin wani yanki na ƙwaƙwalwa. Ba a gida ake bambance su ba. A yi addu'a a cikin mota, a nufi asibitin koyarwa na Shika ko wanda ya fi kusa. Daga nan Samaru tafiyar ba ta da nisa.

Na ga shugaban taro yana duba agogo, kuma an kusa kiran sallah.  Na zo da ma'auni, duk mai son sanin lissafin fuskarsa ya same ni bayan an tashi, mata kuma ga ɗalibata nan za ta auna su. Yanzu fili naku ne. Mai tambaya ko gyara ya ɗaga hannu, a miƙa masa lasifika. Bismillah, Malam, na ga hannunka tun ɗazu.